Jambarin da Ɗan Farina Ya Kawo daga Bahar Maliya

Na manta abubuwa da yawa a duniya, har da rabin abin da aka koya mana a ajin yaƙi da jahilci da na shiga da furfura a kaina. Amma ranar da aka sauke jambari a tsakar gidana, wannan kam sai dai a binne ni da ita. Jambari shi ne abin da mutanenmu na yamma ke kira jatan lande. A lokacin babu wanda ya taɓa ganinsa a ƙauyenmu da ke bakin gulbi, tsakanin Suki da Sinnar, a nan ƙasar Sudan.

Gidanmu gidan masunta ne. Maigidana jirgi da taru ya gada, kuma a wurinsa duk abin da ba tarwaɗa ba, ba karfasa ba, ba giwan ruwa ba, to ba kifi ba ne. Ɗanmu na fari ya tafi Bur Sudan ya shiga manyan jiragen kamun kifi na Bahar Maliya, aikin ya karɓe shi, yana sonsa kamar ransa. Uban kuwa ya aika masa cewa yawon ya isa, ya tattaro kayansa ya dawo gulbi ke nan. Yaron ya zo, amma bai zo da kayansa ba. Da wani akwatin ƙanƙara ya zo, wai ya nuna wa uban abin da yake kamawa, ko a bar shi ya koma.

Ni kowa ya san bakina. Na taɓa tsare mai rabon ruwan gona a bakin hanya na wanke shi tas a gaban jama'a. Amma ɗan fari ɗan fari ne. Ba na kiran sunansa, ba na zama inda yake, balle in tsaya masa a gaban mutane. Kakarsa, uwar maigida, ita ta goye shi. A kan kowa ina da baki, a kan wannan yaro ɗaya al'ada ta ɗinke mini shi.

Da hantsi aka buɗe akwatin, maƙwabta sun cika gida. Wata ta leƙa ta yi tsalle baya tana cewa, "Kunama! Kunamar ruwa!" Na leƙa ni ma. Abu ne kamar ɗan yatsa, launin toka-toka, gashin bakinsa ya fi jikinsa tsawo, idanu a kan tsinke, ƙafafu barkatai, ga ɓawo mai tauri da wani tudu-tudu a gadon baya kamar kunyar gona.

Maigida ya ɗaga ɗaya da gashin baki, yana juya shi. "Mi na wanga? Ina ƙaya tai? Ina jini nai?"

Yaron ya durƙusa ya ce, "Baba, ƙashinsa a waje yake. In ya girma sai ya tuɓe ɓawon ya yi sabo, kamar yadda maciji ke saɓa. A cikin taɓon ƙasan teku yake kwana, sai jirgi mai inji ya ja taru ta ƙasa a kwaso shi."

"Wato inji ka su, kai kana tsintar ƙwari." Ya jefar da shi cikin akwatin. "Ban ce haram ba ne, abin ruwa duk halal ne. Amma ɗana ba ya ƙare rayuwa tai wajen kama abin da mutum ba ya ci. A zuba wa kaji. Gobe ka shiga jirgi." Ya kaɗe riga ya koma rumfa.

Yaron ya ɗago ya dube ni. Ni kuwa na dubi bango, kamar an ce mini bangon zai faɗi.

Sai ya juya wajen kakarsa ya ɗaga murya yadda zan ji. "Kaka, abin ga ba ya jira. Kin ga kawunan sun fara baƙi, ƙanƙara ta narke. Kafin la'asar ko kajin ba za su ci ba."

Na ce a raina bari dai in taɓa. Na ɗauki ɗaya na murɗe kan, ya fita. Na shafa ƙafafun, suka zube. Wallahi kafin hankalina ya gane, hannuna ya riga ya gane. Fara ce! Haka muke gyaran fara duk shekara in ta sauka, mu cire kai da ƙafa mu soya da yaji, Larabawan maƙwabta suna yi mana dariya da rana, da yamma su aiko a ɗan sam musu. Na ce to, in dai fara ce, ko daga ƙasan teku ta fito ta zo gidan uwarta.

Na ce, "Inna, tambayi wancan mutumin, baƙin zaren da ke bayan abin nan mene ne?"

Tsohuwa ta juya ta ce, "Mijina, an ce mi ne baƙin zare?"

"Kaka, ki ce hanji ne, a zare shi."

"An ce hanji ne."

"Na ji, Inna, ba kurma ba ce ni."

Haka muka yi aikin nan, ni da shi tsakaninmu bai fi taku kaɗan ba, tsohuwa a tsakiya tana kai magana tana kawowa, tana ƙara nata gishirin. Na wanke, na ɗora kasko, na zuba man riɗi, na daka tafarnuwa da shatta, wato barkononmu na nan. Ina zuba su cikin mai sai abin toka-toka ya rikiɗe ya koma ja wur, ya naɗe kamar mai ciwon ciki. Maƙwabciyata ta kurma ihu, "Ya yi rai! Ya yi rai!" Mata suka watse, wata ta bar takalmi. Ni kuwa na riƙe ludayi ban motsa ba, don ba a taɓa cewa na gudu daga kaskona ba.

"Kaka, haka yake yi in ya ji wuta. Ki ce da ya yi ja a sauke, in ya daɗe sai ya koma kamar takalmin roba."

"Inna, gaya masa ban tambaye shi ba." Na sauke nan take. Na matsa lemun tsami.

Tsohuwa ce ta fara ɗanɗanawa, kuma ta jefa shi baki da ɓawonsa kamar yadda ake cin fara. Muka ji ƙaras! Ta dafe kunci. "Kai, mugun miji! Haƙoran da suka rage mini ka zo ƙarasawa?" Yaron yana dariya har da hawaye ya ɓare mata wani. Naman ciki fari ne, mai laushi, da ɗan zaƙi-zaƙi. Ta tauna ta haɗiye. Sai ta miƙa hannu a ƙara mata.

Na ɓare cikin kwano, na haɗa da kisra, wato wainar dawa mai faɗi irin ta nan, na kai rumfa na dire gaban maigida.

"Na ce a ba kaji."

"Kajin sun ce sai maigida ya fara."

Ya harare ni. Ya ɗauki ɗaya wai don ya tabbatar ba shi da daɗi. Bai tabbatar ba, sai ya ƙara. Na koma bayan zana na laɓe, ina jin yana tabbatarwa har kwanon ya yi ƙara. Can ya kira yaron. Ya tambaye shi zurfin ruwan, ya tambayi irin zaren tarun, da wane wata abin yake yawa. Sannan ya tsinci wani ɗan mitsitsi a gefen kwano ya nuna masa, ransa a ɓace irin na masunci.

"Wanga jariri ne. Idon tarunku ya cika ƙanƙanta. In ka koma, ka ce musu su buɗa shi, su bar ƙanana su girma."

In ka koma. Duk gidan mun ji. Tsohuwa ta rangaɗa guɗa da bakinta cike. Matan da suka gudu suka dawo da kwanukansu, suna yi mini tsiya wai yau mai kunyar ɗan fari ta tona kanta. Na ce ni ba ruwana da kowa, abinci na hana ya lalace. Har yau ba wadda ta yarda.

Abin da na koya a ranar shi ne, namiji mai taurin kai ba ya jin magana a gaban jama'a, amma yana jin abin da ya shiga bakinsa. Kuma kada ka yanke wa sana'ar mutum hukunci kana tsaye daga nesa kana toshe hanci. Ka matso, ka taɓa, ka ɗanɗana, sannan ka yi magana.