Sauti a ƙofar shagon Kawu

Na daɗe ina riƙe sandar mikro a wajen ɗaukar fim, amma Kawu, ƙanen mahaifiyata, bai taɓa yarda sana'a ba ce. Shi ɗan kasuwa ne a Adjamé, atamfa yake shigowa da ita. A ganinsa mutumin da ke toshe kunne yana sauraron abin da wasu ba sa ji, ko an ce fim ne, akwai lauje cikin naɗi.

Wata rana aka buƙaci hayaniyar kasuwa da za a sa a bayan maganar 'yan wasa. Haka aikin yake, sai ka tsaya shiru kamar gunki ka bar wurin ya yi maganarsa. Na rasa inda zan tsaya ba a kore ni ba, sai na tsaya a ƙofar shagon Kawu, tunda gida ne. Na ɗauki hon na woro-woro, tasin nan na haɗaka, da masu tura amalanke, da wata mai sayar da attiéké, dambun rogo, da muryarta ta fi kowa.

Ba a yi mako ba 'yan duwan, wato kwastan, suka dira mangazarsa ta ajiyar kaya da ke Williamsville, wadda ko matarsa ba ta san ƙofarta ba, suka kwashe kaya.

Ranar Juma'a bayan an sauko daga babban masallacin Treichville, na je majalisar da su Kawu suke shan shayi. Ina yin sallama hira ta mutu. Wani dattijo ya leƙa aljihuna, wani ya matsar da kujerarsa. Na gane ni ake zargi da kai ƙara, raina ya ɓaci ƙwarai, domin a gabansu na girma.

Na ce, "Kawu, wallahi hayaniya kawai na ɗauka. Ga shi, ka ji da kunnenka."

Ya ce, "To, ɗana, kawo. On va voir, za mu gani."

Na sa masa abin kunne. Ni kaina ban taɓa sauraron abin da kyau ba, hon kawai na duba. Ina kallon fuskarsa, sai na ga ya daina kaɗa ƙafa. Can ƙarƙashin muryar mai attiéké, ashe muryarsa ce, yana waya da ƙarfi yadda ya saba, yana kwatanta wa direba hanyar mangazar lungu-lungu. Rabin kasuwa ta ji shi a ranar, har da maƙwabcin shagonsa da ke zaune nan yana hura shayi, wanda na daɗe ban yarda da shi ba.

Kawu ya cire abin a hankali ya miƙo mini.

Ya ce, "Ashe dai ka ji."

Ban san wanda ya kai ƙarar ba har yau, kodayake ina da nawa zargin. A wajen aiki nakan yi ta roƙon mutane su yi shiru na ɗan lokaci, ba na samu. A majalisar Kawu kuwa, da na cire takalmi ake ba ni shi, sai na tashi hira take dawowa.