Mai Tambayar Ƙarfe Nawa

Shekara biyu da samun 'yancin kai maigidana ya sami aiki a biro, wato ofis, yana buga mashin ɗin rubutu. Daga Maradi muka zo Yamai, muka kama ɗaki biyu a unguwar Yantala. Watansa na farko ya shiga Babbar Kasuwa ya sayo agogon hannu, ni ko ɗankwali bai riƙo mini ba. A zamanin nan duk wanda ya ɗaura agogo ya zama na jama'a. Mai goro ya tsayar da kai, mai itace ta tsayar da kai, kowa "ƙarfe nawa?", ba don suna da wurin zuwa ba. Ƙin amsawa girman kai ne. Shi kuwa maigidana, ko kaza ce ta tambaye shi sai ya ja birkin kekensa.

Da tsakar rana ake tashi daga biro. Ya hawo keke ya ci abinci, ya ɗan kishingiɗa, ƙarfe uku ya kasance a kujerarsa. Haka muke har bazara, sai ya fara makara. A gabana yake fita biyu da rabi, amma sai huɗu ta gota yake isa. Na tambaye shi ina yake tsayawa, ya rantse ba ya tsayawa ko'ina. Ni mai saurin fushi ce, na faɗa masa maganganun da har yau nake jin kunyarsu. In ya fita sai zama ya gagare ni, in share tsakar gidan da na riga na share, in leƙa ƙofa, in dawo.

Matar mai gidan da muke haya, wata Bazabarmiya, ita ta ja ni gefe da Hausarta ta kasuwa.

"Mijinki ya gamu da Mai Tambaya," in ji ta. "Gindin gawo, hanyar biro. Tsohuwa ce, ba ta da inuwa. Ta ce maka ƙarfe nawa, ka duba montur, agogon nan na hannu, shi ke nan ta riƙe ka. Kai kana gani yanzu-yanzu ne, rana ta tafi."

Na ce to mene ne maganinta.

"A kira shi da sunansa na yanka. Kunne ya ji, mutum ya dawo."

Na yi dariyar yaƙe. Shekara bakwai da aure, sunan nan bai taɓa fita daga bakina ba. A gidanmu mace ba ta kiran sunan miji. Ko ɗan maƙwabta da ya ci sunansa, "mai sunan Malam" nake ce masa.

Wata Laraba ya dawo ya kasa cin abinci. Shef ɗinsu, wato shugaban biron, ya ce in ya ƙara makara ko sau ɗaya kada ya dawo, akwai masu jiran kujerar. Washegari yana fita na yafa gyale na bi bayansa, tafiya ba tafiya ba, gudu ba gudu ba.

Na same shi a gindin gawon, tsaye. Hannu ɗaya riƙe da keke, ɗayan a ɗage, ido buɗe a kan agogo. Ƙuda na yawo a leɓensa bai kore ba. Tsohuwa dai ban gan ta ba, ba zan yi ƙarya ba. Na leƙa agogon, don ya koya mini karanta shi: uku saura kwata. Daga nan zuwa biro bai fi minti goma a keke ba.

"Malam," na ce. Shiru. "Maigida!" Na ja hannun rigarsa, kamar na ja turmi.

A inuwar akwai dattawa uku, fatake 'yan garinmu, suna jiran mota. Sun san mahaifina, sun kuma gane ni. Sunan maigidana ba su san shi ba, in ce su kira mini kuwa sai na faɗa musu shi da bakina. Na buɗe baki, kunya ta hana ni faɗar sunan a gabansu. Na ce bari su tashi tukuna. Na zagaya keken na dawo. Na karanta abin da na iya na tofa masa. Allurar agogo tana tafiya ina kallonta. Uku ta yi. Uku da kwata ta yi. Ina jin haushin dattawan nan kamar in jefe su, kuma na san ba laifinsu ba ne.

Sai da mota ta kwashe su na matsa kusa da kunnensa na faɗa, sau ɗaya, a hankali. Ya yi firgigit ya sauke hannu.

"Ke, mi kike yi nan? Lahiya?"

Ya dubi agogo, uku da rabi ta wuce. Ya haye keke. Kafin la'asar ta yi sanyi ya dawo gida da takardar sallama a aljihu.

Da muka zauna cin tuwo na ba shi labarin Mai Tambaya, ya dube ni ya ce, "Allah shi saka miki, kin yi ƙoƙari. Da dai kin iso da wuri kaɗan."

Na ce i, hanya ce ta yi mini nisa. Har ya bar duniya ban gaya masa uku saura kwata na iso ba.