Likkafanin Kaka da Gawar Tashe

A gidanmu na Maradi, abin da Kaka ta fi so duk duniya likkafaninta ne. Mu jikokinta muna bayansa, har Baba da ta haifa ma yana bayansa. Farin alawayyo ne da ta saya da guminta na kaɗi tun kafin ruwan Gulbi ya ci tsohon gari a hau da mu tudu, kuma an ce ranar da ruwan ya shigo, shi ta fara ɗorawa a ka kafin ta tuna tana da jikoki. Yana cikin adudu ƙarƙashin gadonta, an ninke shi da kanumfari a tsakani. Ni ce mai kwana ɗakinta ina yarinya, don haka na san wurinsa, na kuma san ba a taɓawa.

Wanda Kaka ba ta so kuwa Kawu ne, ƙanen Innata. Su Inna mutanen Jiratawa ne, Anna, masu yanka wa iskoki ɗan akuya a gindin tsamiya. Inna ta musulunta da za ta auri Baba. Kawu ya biyo ta birni yana saurayi, yana dakon buhunan gyaɗa a kantin wani Bature, yana kwana a zaurenmu. Daga baya shi ma ya karɓi salla a hannun limamin unguwa, ya riƙe ta da hannu biyu, don kafin ladan ya gyara murya ya riga ya isa masallaci. Ba abin da yake nema kamar a daina ce masa ɗan Anna, a ce masa ɗan gida. Amma Kaka ba ta taɓa yarda ba. In yana alwala sai ta leƙo ta ƙofar ɗaki ta ga ko ruwa ya kai gwiwar hannu, kuma moɗarta daban take, ba ya sha da ita.

Shekarar da nake ba da labari azumi ya faɗo cikin bazara. Gab da kama shi, Kawu ya bi abokan dakonsa suka shiga sinima, wadda ba ta daɗe da zuwa garin ba. Washegari ya tara mu a zaure ya ba mu labari. Ba ya jin Faransanci ko kalma ɗaya, amma hakan bai hana shi sanin duk abin da aka faɗa ba. Ya ce ya ga gawa an naɗe ta da farin ƙyalle tun daga kai har ƙafa, ta tashi tana tafiya hannuwa a miƙe. Abokansa kuma sun ba shi labarin wani mai dogayen haƙora da ke shan jinin mutane, da wani da ke rikiɗa ya zama kura. Na ƙarshen bai ba mu mamaki ba, don kowa ya san ana yi. Abin da ya ba mu mamaki shi ne ashe Nasara ma suna da nasu.

Da azumi ya yi goma yara suka fara tashe, sai ƙanena da abokansa suka tasa Kawu gaba sai ya mayar da su waɗannan dodannin. Kawu mutum ne mai hannu, kuma ba ya ɓata lokaci. Tsakanin la'asar da shan ruwa ya gama komai. Mai shan jini ya samu haƙora na ɗanyen rogo da aka fere, da tsohon bargo a kafaɗa, aka shafe masa fuska da toka, aka zuba masa zoɓo mai kauri a haɓa. Kura kuwa buhun gyaɗa ne aka warware zarensa ya yi buzu-buzu, aka manna shi da ƙaro a jikin ƙwarya mai huda biyu. Ni na dafa ƙaron, har yau ina jin yadda ya kama mini yatsu. Ƙanena shi ne gawa. Kawu ya shigo da shi zaure ya rufe ƙofa, da suka fito sai ga abu fari fat an naɗe shi da tsumma sala-sala, ba a ganin komai sai idanu, yana jan ƙafa ɗaya.

Unguwa ba ta taɓa ganin tashe irin wannan ba. Wata mai ƙosai ta watsar da matsami ta shige gidan da ba nata ba. Har Sabon Gari aka riƙa aiko a kai su. Kawu yana biye da su daga nesa yana murmushi, mutane na nuna shi ana cewa ga gwanin, kuma na ga yadda abin ya yi masa daɗi.

Daɗin bai daɗe ba. Wata maƙwabciyarmu, irin matan nan da ba sa shiga gida su fita ba su bar ƙura ba, ta zo yi wa Kaka barka da shan ruwa. Cikin hira ta ce ita abin da ya ɗaure mata kai shi ne inda ɗan dako ya samo farin yadi mai yawa haka, sai ka ce likkafani. Matar tana fita Kaka ta ce in jawo mata adudu. Na jawo, ta buɗe. Kanumfari na nan a zube a ƙasa, likkafani babu.

Ba ta yi kuka ba, kuma da ta yi da ya fi mana sauƙi. Ta zauna ta bi mu da ido ɗaya bayan ɗaya. Ni ta fara kamawa, tunda ni ke kwana ɗakin. Ta sa na kwance ƙunshin kayana, ta shinshina hannuwana ko za ta ji kanumfari. Ƙanena ya sha tambaya har ya fara rantsuwa kan abin da ba a tambaye shi ba. Baba ba ya gari, ya tafi Katsina sayo kayan salla tun farkon azumi, don haka ba mai tsawatawa. Amma duk wannan kewaye ne kawai. Kowa a gidan ya san inda idonta zai tsaya.

Gidan ya canza. Inna ta daina yawan magana, tana girki tana satar kallon zaure. Kawu in ya shigo ɗibar ruwan alwala sai hira ta mutu. Ni kaina na shiga zargi, don biri ya yi kama da mutum. Me ya sa ya rufe ƙofa ranar da ya naɗe ƙanena? Me ya sa bai ce in taya shi yaga tsumman ba, alhali ni na dafa ƙaro? Na tuna wata rana na gan shi tsaye kusa da ƙofar ɗakin Kaka yana gyara igiyar shanya, sai tsayuwar ta koma mini wani abu daban. Ina son Kawu, shi ya sa zargin ya riƙa ci mini rai. Da aka tambaye shi ya ce tsofaffin buhunan fulawa ne ya roƙa wurin mai burodi a Sabon Gari. Kaka ta ce ai ɓarawo ba ya rasa mai burodi.

Na ga in ban gani da idona ba ba zan samu sukuni ba. Da hantsi, bayan ya tafi kanti, na shiga zaure na zaro tsumman daga bayan tabarmarsa, na baje su a rana. Yadin mai kaushi ne, ba santsin alawayyo. Da na jera wasu gefe da gefe sai ga hoton zangarniyar alkama da shuɗin rubutun Nasara, ya koɗe amma ana gani. Na ji kamar an sauke mini dutse daga ka. Na kwashe su da gudu na zube gaban Kaka, Inna na tsaye, na ce ga shi nan, buhu ne, Kawu bai taɓa komai ba.

Kaka ta ɗaga ɗaya, ta murza, ta duba zangarniyar da kyau. Ta yarda buhu ne. Sannan ta dubi Inna.

"To, in ba wasa anka yi da shi ba, mi anka yi da shi? Da yara sunka yaga, da na ce ƙuruciya. Yanzu na san inda ya tahi. Mutanenku sun san aikin da ake yi da likkahwanin mai rai."

Garin gyaran gira na tsone ido. Da ana zarginsa da ɓarna, yanzu ana zarginsa da kai likkafanin tsohuwa Jiratawa a yi mata asiri. Inna ta zauna a bakin murhu. Ni kuwa na tsaya da tsumma a hannu, haushin kaina ya hana ni ko motsi.

Da yamma Kaka ta aika aka kira ƙanen Baba da wani dattijo maƙwabci, aka shimfiɗa tabarma a tsakar gida, aka kira Kawu. Ya zo ya durƙusa, leɓɓansa sun bushe da azumi. Aka maimaita masa maganar. Ya ce bai ɗauka ba, bai san ma kalar adudun ba, kuma a kawo Alƙur'ani ya yi alwala ya dafa. Dattijon ya ce wannan magana ta yi, har ya yunƙura zai aika masallaci. Kaka ta ɗaga hannu.

"Alƙur'ani nashi yake ci. Wanga in ya dahwa, mi zai same shi? Ya rantse da abin gidansu. Ya rantse da aradu, ga damina nan tahe, in ya yi ƙarya ta hwaɗa mishi."

Ko ni da nake yarinya na gane ramin da aka haƙa masa. In ya rantse da aradu, ya faɗa da bakinsa cewa sallar da yake yi ta banza ce, har yanzu shi na tsamiya ne. In ya ƙi, a ce tsoro ya ji, shi ne ɓarawon. Dattijon ya yi ƙoƙarin cewa musulmi ba ya rantsuwa da wanin Allah, Kaka ta ce ai shi ya sa ba dattijon ta ce ya rantse ba, Kawu ta ce. Ƙanen Baba ya sunkuyar da kai, don bai taɓa musa wa uwarsa ba tun da aka haife shi.

Kawu ya ɗago kai ya dubi Kaka. Sannan ya ce, a hankali, "Kaka, ni musulmi ne. Ba ni rantsuwa da aradu."

Ta ce to an ji, kowa ya shaida ya ƙi.

Bai jira an kore shi ba. Ya sha ruwa a masallaci, washegari da safe ya naɗe tabarmarsa da butarsa ya kama hanyar Jiratawa a ƙasa. Inna ta raka shi iyakar zaure ta dawo. Ƙanena ya kai ƙwaryar kura bayan gida ya fasa, tashe kuma ya mutu a unguwarmu tun azumi bai ƙare ba. Kaka ta sa aka yi mata rubutun tsari tana sha, kullum tana taɓa jikinta tana jiran ciwon da za a turo.

Ana jajibirin salla Baba ya dawo a bayan kamyo, babbar motar kaya, da ƙunshin kayansa. Bai ko huta ba ya yafito ni zaure, yana waige-waige, ya zaro farin alawayyo sabo dal daga cikin kayan. Ya ce in faki idon Kaka in sa mata a adudu, in ninke yadda take ninkewa, kada kowa ya ji. Ashe ranar da zai yi tafiya aka aiko masa wani tsohon amininsa ya rasu a Tibiri, mutumin ba shi da kowa ba shi da komai, ga shi Lahadi kantuna a rufe. Kaka ta shiga maƙwabta barkar haihuwa, sai ya ɗauki nata aka rufe mamacin da shi. Wane ɗa ne zai dubi uwarsa ya ce ta ba shi aron likkafaninta? Ya yi nufin mayarwa kafin ta lura.

Na dube shi, ban karɓa ba. Ya ce lafiya? Na nuna masa inda tabarmar Kawu take a da, na faɗa masa abin da ya faru.

Kaka da ta ji daga bakin Baba, abin da ta fara yi shi ne auna sabon yadin da kamu ta ga ko ya kai na da. Sannan ta ce ai duk wanda ya ga abin da ta gani haka zai zata. Haƙuri kuwa ba ta ba kowa ba.

Bayan salla Baba ya ɗauke ni muka tafi Jiratawa bikon Kawu, don Inna ta ce ita ba ta da fuskar zuwa. Muka same shi a fadama yana jan jigo yana ba albasa ruwa, ba riga, da laya irin ta gidansu a damtse. Ya tarbe mu da fara'a, ya ba mu inuwa, ya tambayi ƙanena. Baba ya faɗi komai bai rage ba, ya ba shi haƙuri, ya ce zaure na nan yana jiransa, liman ma yana ta cigiyarsa. Kawu yana saurare yana murza ƙasa a tafin hannu. Azahar ta yi muna zaune. Baba ya nemi ruwa ya yi alwala, ya shimfiɗa rawaninsa, ya ɗan dakata yana dubansa. Kawu bai tashi ba.

Da Baba ya sallame, Kawu ya cika mini zane da albasa in kai wa Inna. Ya rako mu har bakin hanya, a nan ya tsaya.

"Ku gai da Kaka," in ji shi. "Ku ce mata in har yanzu tana son rantsuwar, yanzu ina iyawa."

Ya juya ya koma wurin jigonsa. Ni da Baba muka taho Maradi da albasa.