Surukin Ɗan Majalisa a Highbridge

Idrissa mutumin Maraɗi ne, likitan dabbobi, amma a unguwar Harlem ta New York yankan nama yake yi a shagon wani ɗan Senegal, da yamma ya hau jirgin ƙasa ya koma ɗakinsa a unguwar Highbridge.

A Rasha ya yi karatu, a wani lardi na bakin kogin Volga. Can ya auri Darya, 'yar Arkadi, jami'in kula da kiwo na gunduma. A lokacin Arkadi mutum ne mai sauƙin kai. Tare suke shiga garke cikin takalman roba, yana gabatar da shi ga makiyaya da “ɗana”. Da aka haifi 'yarsu Amal, shi ya fara ɗaukarta.

Sai aka naɗa Arkadi mataimakin gwamna. Zuwa garke ya ƙare, aka kuma daina kiran Idrissa idan za a ɗauki hoton iyali. Da jam'iyya ta tsayar da Arkadi takarar majalisar ƙasa, ya zaunar da shi ya ce, “Abokan hamayya za su yi surutu a kanka. Ka tafi wani wuri har a gama zaɓe.”

Idrissa ya taho New York wurin abokinsa Tajuddeen da jaka ɗaya. Arkadi ya ci zaɓe, ya koma Mosko. Ba a daɗe ba yaƙi ya ɓarke, Arkadi ya kaɗa ƙuri'ar goyon bayan yaƙin yadda sauran 'yan majalisa suka kaɗa, sunansa ya shiga cikin waɗanda aka saka wa takunkumi. Darya ta nemi bizar zuwa wurin mijinta aka hana ta. Idrissa kuwa yana da fasfo ɗin Rasha, yana tsoron in ya koma a tura shi fagen daga. Ya nemi mafaka, lauya ya gargaɗe shi kada ya fita ƙasar kafin a yanke hukunci. Har yau ba a kira shi ba.

Wata Lahadi da safe yana magana da Amal ta bidiyo, sai kakanta ya karɓi wayar. Ya rame, gashinsa ya yi fari fat.

“Baba, ka taimaka su fito, ko Turkiyya ce,” in ji Idrissa.

Arkadi ya waiga bayansa, ya rage murya. “Idan 'yata ta fita, za a ce na fara kwashe iyalina. Ni kaina na nemi in sauka, an ce ba yanzu ba.”

Sai ya tambaye shi ko yana duba dabbobi a can.

“Ina tare da su kullum,” Idrissa ya ce.

Amal ta dawo ta nuna masa wurin haƙorinta da ya fita. Bayan sun gama ya yi zaune a bakin gado, har Tajuddeen ya ƙwanƙwasa ƙofa ya ce za su makara zuwa aiki.