Ƙwaryar Lamso

Kakata Iya Gambi ba don mu kaɗai take tatsuniya ba, tana yi ne kada gyangyaɗi ya ɗauke ta kifi ya ƙone. Banda ce sana'arta. Bayan magariba sai ta jera tarwaɗa bisa waya a kan rabin tano, wato durom da aka raba biyu, ta barbaɗa ƙaiƙayin shinkafa a garwashi don hayaƙi, mu jikoki mu kewaye ta a bayan gidanmu na Malanville, inda ake hango fitilun manyan motoci suna jiran duwan, wato 'yan kwastan, a bakin gadar Gaya. Tatsuniya ba ta wuce lokacin juya kifi. Da zarar hancinta ya gaya mata, ko mutumin tatsuniyar na cikin bakin kada sai ta bar shi can ta miƙe.

Gajerun suna kaiwa ƙarshe. Guda ɗaya ce ta fi kifi tsawo, ita kuma na fi so.

Wai a wani tsibiri cikin gulbin Kwara akwai mutane masu rubutunsu na kansu, ba boko ba, ba ajami ba. Da ƙarfe mai zafi suke zana shi cikin ƙwarya, kuma ba da ido ake karanta shi ba. Ruwan gulbi ake zubawa a sha. Wanda ya sha sai ya tsinci kansa cikin ranar da mai rubutun ya tuna, ko mafarkin da ya yi. Ƙamshin da ya shaƙa ka shaƙa, ƙayar da ta soke shi ta soke ka. Sai dai kowane sha yana cinye zanen kaɗan.

Wata yarinya, Lamso, uwarta ta rasu wajen haihuwar ƙanenta ta bar mata ƙwarya. In ta sha sai ta zama uwar, ta ji ɗumin jaririya Lamso a bayanta. Ta yi ta sha har zanen ya rage na sha ɗaya. Ran nan ƙanenta, wanda bai taɓa ganin uwar ba, ya roƙe ta. Lamso ta ɗauki ƙwarya ta gangara bakin ruwa, ta ɗebo...

"Kihina!" in ji Iya, ta zabura wajen kifinta.

Sauran yara su ruga rububin gutsuren da ya faɗo. In an sake roƙonta wani daren, daga farko take ɗaukowa, don a wurinta ba a shiga tatsuniya ta tsakiya, kamar yadda ba a shiga gida ta katanga. Ni kuwa nauyin baki gare ni. Nakan zauna da tambayata a maƙogwaro har wuta ta mutu.

Bana da na dawo hutu daga jami'a a Parakou, na iske an mai da ita Madécali wurin kawuna. Tsufa ya raba mata yini biyu. Da safe garau take, har sunayen masuntan da ta yi ciniki da su tana jerawa. Rana na karkatawa sai hankalin ya dushe.

Na hau kabu-kabu da sassafe. Ta tarbe ni da tsokana, wai mijin nata ya rame, boko ba ya ba da tuwo. Na daure na yi tambayar da na yi shekaru ina ɗauke da ita. Ta ce sarai ta san abin da Lamso ta yi.

"Amma gatana da rana tsaka, maigida? So kake ka ɓace cikin kasuwa? Kai da ka tahiya har Parakou! Bari rana ta hwaɗi."

Na ce ni ba yaro ba ne yanzu. Na rufe taga da zane na ce ga duhu ya yi. Ta ce ita ba a yi mata wayo, tana jin kaji suna kiwo a waje.

Da magariba na hura wuta a tsakar gida na zaunar da ita. Ta fara, muryar nan tata ta dawo kamar jiya. Ta kai Lamso bakin ruwa, babu kifin da zai katse ta. Nan tatsuniyar ta ɓace mata. Ta dube ni kamar baƙo, ta tambaye ni ko na san abin da yarinyar nan za ta yi da ƙwaryar.

Na ce ta ba ƙanenta. Ta gyaɗa kai. Daren gaba na ce ta shanye abinta, nan ma ta gyaɗa. Da safe na jera mata biyun, na roƙe ta ta nuna mini ɗaya, ko da ƙifta ido ne.

"Duk ba haka ba ne," ta ce tana dariya. "Ka jira dare."

Ina yaro na ɗauka darasin rowa da kyauta ne. Yanzu ina ganin Iya tana gaya mana ne cewa abin da mutum ya tuna yana da iyakar sha, a kurɓa tun zanen na nan. Haushi nake ji, kuma ba ni da wanda zan ji wa, tunda ba rowa take mini ba, tsoro take kada in salwanta. Akwai ƙarshe na uku, ban iya hasashensa ba. Kowace safiya yana nan cikin kanta, ni ina zaune kusa da shi ina shan kunu, har hutu ya ƙare.