Ranar da Aka Yi Mini Ta'aziyya Babu Mamaci

A makarantar da nake koyarwa a Boɗinga, darasin ƙarshe na ranar Alhamis nawa ne, kuma kowa ya san ba darasi ba ne. A jadawali an rubuta Hausa. A cikin aji kuwa labari nake ba yara, wanda na ƙaga da kaina, kashi-kashi, in yanke shi daidai inda zai fi ba su haushi. Ban taɓa buga littafi ba, ba a taɓa karanta ni a rediyo ba, amma yaran da sukan sulale tun lokacin hutun tara ranar Alhamis ta taga suke dawowa, kuma wannan ya ishe ni alfahari.

Kafin labari ya shiga aji sai ya bi ta Shagari. Wana, wanda nake bi, tela ne a bakin kasuwar can. Duk ƙarshen mako nakan hau babur in same shi a shago, in zauna a kan buhun ƙyallaye in fara zuba. Shi ba ya yabo, ba ya kushewa, ko kallona ba ya yi. Keken ɗinkinsa ne alƙali. Idan ina magana keke na ta gudu, to labarin bai ji gishiri ba, sai in koma gida in sake shi. Idan kuwa ƙafarsa ta tsaya cak, shago ya yi tsit, na san na kama shi, yara ma ba za su tsira ba.

Daminar bara ya kwanta, zazzaɓi kamar wasa, kafin gero ya fid da kai mun kai shi makwancinsa. Ni ne babban namijin da ya rage a gidan, saboda haka ni ne mai aron tabarmi, ni ne mai cika butoci, ni ne mai leƙa mata in ji ko tuwo zai isa, ni ne kuma mai raka baƙi bakin titi. Aka gama zaman makoki ban zauna a tabarmar gaisuwa ba ko sau ɗaya. Mutane suka yi ta yaba ƙarfin halina, ni ma har na yarda da su.

Sai da na koma aji na gane abin da ya tafi da shi. Lokacin ina tsakiyar labarin wata akuya ce da ta gaji da zaman Kajiji, ta ɗaura niyyar tafiya Sakkwato neman aikin gwamnati. Na bar ta a tashar Boɗinga tana gardama da ɗan kamasho. Na tsaya gaban allo na buɗe baki, sai na ji wayam, babu ko kalma. Na ce su ɗauko littafi a yi shifta. Alhamis ta gaba ma shifta. Yara suka fara tare ni a hanya suna tambayar ko akuya ta samu mota, zango ya ƙare tana nan a tasha. Shugaban makarantarmu, mutumin kirki ne amma ba ya son asarar lokaci, ya kira ni ya ce malamin lissafi ya daɗe yana haɗiyar yawu a kan wannan darasin, in zango mai zuwa ma shifta ce, to zai ba shi. Ban yi musu ba, amma na ji zafi ƙwarai, don ba ni da abin da na iya a duniya kamar wannan.

Ana haka aka tura mu bita Sakkwato. Cikin masu koyar da mu akwai wata malama siririya mai magana a hankali, ita ta kawo abin da ta kira zaman natsuwa. Ta ce mutum ya zauna, ya rufe ido, ya bi numfashinsa yana shiga yana fita. Tunani in ya zo kada a kore shi, kada kuma a bi shi, ƙara in ta zo a ji ta a bar ta. Malamin addininmu ya ɗaga hannu ya tambaya wane irin wuridi ne wannan da babu tasbaha. Ta ce ba wuridi ba ne, irin tattara hankalin nan ne da ake so mutum ya yi kafin ya ta da kabbara, ake aro shi a kai aji da wurin aiki. Ya ce in haka ne ai kayanmu ne aka canza wa riga. Muka gwada bayan an ci shinkafar rana, rabin zauren ya kama minshari.

Da na dawo na gwada a aji. Ina cewa a rufe ido a yi shiru, sai yara suka ɗaga tafukan hannu. Can wani ya gaji ya ce amin, aji duka ya shafa. Ban hana su ba, addu'a ba ta taɓa ɓata darasi ba. Sai dai malamar ta gargaɗe mu kada mu sa yara abin da mu ba mu yi a gida, ni kuwa gidana ba wurin shiru ba ne. Injin niƙa yana bayan katangarmu. Yara uku, kaji, da maiɗakina wadda in ta ga na yi minti ɗaya ban ce komai ba sai ta taɓa goshina ta ji ko zazzaɓi ne.

Shi ya sa wata Asabar da safe na yanke shawarar fita waje. Na duba tabarma, ƙananan duk yara suna kansu, sai doguwar nan ta roba da na saya lokacin rasuwar wana. Na shimfiɗa ta a ƙofar gida, gindin dogon yaro. Na ajiye buta a gefe saboda na saba. Na zauna cikin farar riga, na sunkuyar da kai, na rufe ido.

Da fari abin ya tafi daidai. Numfashi na shiga, numfashi na fita, gwiwa na ciwo. Can sai na ji takun mutum, na ji an tuɓe takalmi, an zauna kusa da ni da ɗan nishi. Na tuna malama ta ce ƙara in ta zo a bar ta, na bar ta. Wani takalmin ya sake zuwa. Babur ya tsaya, aka kashe shi a hankali. Tabarma ta riƙa motsi ta kowane gefe, ana gyaran murya ƙasa-ƙasa, ni kuwa ina ta yaba wa kaina, ina cewa lallai na fara ƙwarewa tunda duk wannan bai sa na buɗe ido ba. Sai da na ji wata murya ta ce a yi salati, mutane suka amsa gaba ɗaya, sannan na buɗe.

Tabarma ta cika maƙil. Ga ladanin unguwa, ga mai shayi, ga mai faci, ga wasu 'yan Danchadi da suka ɗauko albasa za su kasuwa suka jingine baburansu. Kusa da ni maƙwabcina ne, tsohon da katangarmu ɗaya. Aka shafa, ya juyo ya dube ni da tausayi.

“Malam, ya haƙuri?”

“Haƙurin mi, Baba?”

Kowa ya dubi na kusa da shi. Ashe babu wanda ya san wanda ya rasu. Tsohon ya fito ne ya ga doguwar tabarma da buta da ni kai a sunkuye, kunya ta kama shi a ce an yi rasuwa katanga ɗaya da shi bai ji ba, sai ya zauna yana jiran wani ya ambaci suna. Ladan ya ga tsoho, ya zauna. Sauran suka ga ladan. A wurinmu kuwa ba a isa wurin makoki a tambayi wa ya mutu, kamar ka ce ba ka damu da mutanen gidan ba ne, sai ka zauna ka kasa kunne. Duk sun kasa kunne, ni kuma ina ta numfashi.

Na yi bayani iyakar iyawata. Mai shayi ya yi dariya har ya riƙe ciki. Tsohon kuwa bai ga abin dariya ba, ya laluba takalminsa yana faɗa.

“Kai ko malam, da iliminka. Mutum lahiyatai lau shi shimhiɗa tabarma ƙohwag gida, shi aje buta, shi ruhe ido? In lumhwashi kaka son yi, ba ka da ɗaki?”

A cikin gida abin ya fi haka. Mata sun riga sun shiga da mayafai suna yi wa maiɗakina sannu da haƙuri tana tsakiyar wanki. Ta ƙirga yara ta ga sun cika, sai ta yanke cewa ni ne na faɗi a waje, ta taho zaure da kumfa a hannu. Da ta hango ni zaune ina bayani, abin da ta faɗa mini ba na rubutawa ba ne. Har yau in ta ga na yi shiru takan tambaya ko ta ɗora tukunyar baƙi.

Jama'a suka watse, amma labari ya riga ya hau waya. Hantsi ya yi ban naɗe tabarma ba, don ina ta sallamar masu zuwa a makare, sai ga babur ya shigo layinmu a guje. Aminin wana ne, tela shi ma, tare suka koyi ɗinki, shago ɗaya suka zauna, kuma shi ya karɓi keken bayan rasuwar. Taɓo har gwiwarsa, ko hula babu. An buga masa cewa an ga zaman makoki a ƙofar gidana, wanda ya buga kuma bai lura da wanda ke zaune ba. Tun daga Shagari ya taho yana zaton ni zai tarar an rufe.

Ya tsaya yana kallona. Na miƙe na fara ba shi labarin bita da numfashi ina dariya, ya ɗaga mini hannu.

“Zamna,” ya ce. “Sa'ad da yayanka yar rasu kullum ina zuwa, ban taɓa iske ka zamne ba. Kana can wajen buta, kana can wajen tuwo. Na yi ma kowa gaisuwa ban da kai. Tunda Allah ya sa yau ka zamna, ba ni komawa da ita.”

Ya tuɓe takalmi, ya durƙusa a tabarma, ya ɗaga hannu ya yi addu'a, ya ambaci sunan wana. Muka shafa. Sannan ya tambaye ni ya haƙuri.

Amsar nan yaro ma ya san ta, kuma na ba da ita ba adadi a wancan lokacin, ina tafe, da buta a hannu. A zaune ta ƙi fitowa. Na buɗe baki sai kuka, irin wanda ban yi ba tun ina ƙarami, a ƙofar gidana, da hantsi, bayan na gama rantse wa unguwa cewa babu wanda ya mutu. Kewar wana ce kawai, ta shekara guda, ta same ni a zaune. Mutumin nan bai ce in yi shiru ba, bai dafa ni ba. Ya zauna yana kallon ƙasa har na gama, ya miƙo mini butar da na ajiye na wanke fuska.

Da ya hau babur zai tafi sai ya waiwayo ya tambaye ni ko akuyar nan tana tasha har yanzu. Ban taɓa lura cewa shi ma yana saurare ba duk shekarun nan.

Na ci gaba da zaman, amma a zaure, ƙofa a rufe, bayan sallar asuba, wannan sharaɗin maiɗakina ne. Yawancin safiya babu abin da nake samu sai ciwon gwiwa da tunanin tayar babur. Wata safiya kuwa ina zaune sai na ga akuya ta shiga mota, gidan gaba ma, kusa da direba, wai ita ma'aikaciya ce ba ta zama a baya da kaji. Ban bi ta ba, kamar yadda aka koya mana, amma na lura da inda ta nufa.

Ƙarshen makon na hau babur zuwa Shagari. Buhun ƙyallaye na nan inda yake. Aminin wana yana kan keken, yana haɗa gaba da bayan wata riga. Na zauna na fara. Akuya ta wuce shingen 'yan sanda, ta shiga gari, ta tsaya layin masu neman aiki, aka tambaye ta takardun makaranta ta ce ta cinye su a hanya. Kunnena duk yana kan keke. Keke kuwa bai tsaya ba, gudu yake yi kamar ana binsa, har na kai inda zan yanke. Na ce masa ba komai, zan koma in sake shi.

Ya ɗaga rigar zai duba ɗinkin, sai gaba ya faɗi gefe ɗaya, baya ya faɗi ɗaya gefen. Zare ya ƙare tun akuya na gidan gaba, yana ta taka keke allura na huda yadi a banza bai sani ba. Ya dubi ƙyallayen, ya goge ido da bakin hannun rigarsa, ya ce wana ya fi shi wayo, shi ya sa in labari ya kama shi yake tsayar da keke.

Alhamis ɗin nan na ce yara su rufe ido, suka ɗaga hannu suka shafa kamar kullum, ban kuma ce kowa ya ɗauko littafin shifta ba.