Ka Ji Labarin Kafin Ka Tafi, Kawu Vendelin

Ranar Talata, 11 ga Fabrairu, da hantsi, Allah ya yi wa Kawu Vendelin Hrabko rasuwa a gidansa na bakin kogi, yana da shekara saba'in da huɗu, bayan jinyar wata biyar.

Kawu, shekara arba'in kana zaune a ɗan ɗakinka na filin hokin garinmu, wasan sanda da ake yi a kan ƙanƙara, kana gyara mana kaifin takalman ƙanƙara. Kai ba koci ba ne, ba wanda ke neman shawararka. Amma da ƙungiyoyi shida suka sallame ni, kowa na cewa na yi gajarta ga tsaron raga, kai kaɗai ka ƙi yarda. Na koma aikin yankan katako, na rataye takalmana a bayan ƙofa. Ka zo har gida ka sauke su, ka dangwara mini kusa da kwanon miyar kabeji, ka kira sunana.

"Dushan, raga aka ce ka tsare ko rufin ɗaki? Ci ka tashi, gajere."

Shekara bakwai kana ɗaukar wasanninmu na ƙauye da tsohuwar kyamara, kana aika wa manyan ƙungiyoyi, ba a amsa maka. Ina shekara ashirin da shida wata ƙungiyar ƙwararru ta kira ni gwaji. A makon ne likita ya gano ciwon huhunka. Na ce ba zan tafi ba. Ka ce in na zauna, kada in ƙara taka gidanka.

Na tafi. Kusan wata biyar suka riƙe ni, babu e, babu a'a. Duk lokacin da matarka, Inna Zlatitsa, ta kira ni, sai gabana ya faɗi. Ba sallama nake tsoro ba. Tsorona amsa ta zo ta tarar ba ka nan.

Ranar Juma'a suka ɗauke ni, na sa hannu a takardar kwantiragi, Asabar na iso gida. Na zauna bakin gadonka na karanta maka takardar.

"Sake karantawa," ka ce. "A hankali, wa ke korarka?"

Sau uku na karanta. Sannan ka nemi abinci, abin da ka kwana huɗu ba ka yi ba.

Ranar da ka rasu na yi kuka, Kawu, amma hankalina a kwance yake. Ka ji da kunnenka, kuma ciwon ya ƙare.

Allah ya jiƙanka, ya yafe maka kurakuranka, ya ba ka hutu. Inna Zlatitsa, da 'ya'yanku Radka da Blanka, Allah ya ba ku haƙuri. Ya ba ni ni ma.